Kawu Tsari da Lamba Shida

In kana son ganin ɓarnar da aka yi cikin natsuwa, da biro a aljihu da tabarau a kan hanci, to ka ba kawuna aiki. Ƙanen mahaifiyarmu ne. Kawu Tsari muke ce masa, da farko a bayan idonsa, daga baya har a gabansa, tunda shi a ganinsa kirari ne. Ba ya jera magana uku bai ce "tsari" ba. Shekara ashirin da bakwai ya yi a tagar tambaya ta wani babban asibiti kafin ya yi ritaya, kuma in ka ji yana ba da labari sai ka rantse shi ke ɗauke da asibitin a kafaɗa. Ni dai sau biyu na taɓa zuwa tagar nan, duka biyun a rufe na same ta, an manna kwali an rubuta "Ina zuwa."

Da aka sa ranar auren ƙanwata Auta, wayar Mama ta daina hutawa. Yaushe ne? A ina za a yi? Wane launin kaya za a sa? A zo da yara? Mutum zai tambaya da safe a ba shi amsa, da yamma matarsa ta kira ta sake tambaya, washegari shi da kansa ya dawo wai ya manta. Mama kuwa ba ta iya gajeriyar magana ba. Sai ta gaishe ka, ta tambayi iyalinka ɗaya bayan ɗaya, ta jajanta maka ciwon gwiwar surukarka, kafin a iso kan tambayar tukunya ta kama. Sau uku muka ci abinci mai ƙauri a mako guda.

Ranar na ukun ne Kawu ya shigo. Ya shinshina iska, ya dubi Mama da waya maƙale tsakanin kunne da kafaɗa, ya girgiza kai.

"Yaya, wannan ba biki kike shiryawa ba, kanki kike kashewa. Ciwonki ɗaya ne, rashin tsari."

"Zauna ka sha ruwa tukuna," in ji Mama.

"Ruwa ba ya gudu. Ni da kike gani, mutum ɗari biyar nake sallama a wuni ta taga ɗaya, ko gumi ba na yi. Ki bar mini tambayoyin nan. Daga yau ko 'yaushe' ba za ki ƙara ji ba."

Na ce, "Kawu, tagar da kullum take rufe?"

"Rufe taga ma tsari ne, 'yar nan. Ke dai ki ji da ɗinkin amarya."

Mama ta ce to. Gajiya ce ta sa ta faɗa.

Ya ɓace kwana biyu, sai ga shi da katin gayyata da wata farar takarda. Ba komai a kan katin sai sunan ango da amarya da lambar wayar Kawu, an buga ta ƙatuwa har ta fi sunayen girma. Ba rana, ba wuri.

"Kawu, ina sauran bayanin?" in ji Auta.

"In kika rubuta wa mutane komai a kati ba sa karantawa, kira za su yi. Saboda haka ƙofa ɗaya za a bari, ni." Ya ɗaga farar takardar. "Wannan kuma ita ce maganin cutar. Amsoshi takwas, kowace da lambarta, kowa a ba shi tare da kati. Ka kira ni ka yi tambayarka, in ce duba lamba kaza, in kashe waya. Ba gaisuwa, ba ciwon gwiwa."

Ya gyara tabarau ya fara karanta mana. Lamba ɗaya rana ce da lokaci, Asabar ƙarfe biyu na rana. Lamba biyu wurin biki, ɗakin taron da ke kusa da gidan mai. Lamba uku, gida mai koren ƙofa a layin bayan makaranta.

Wannan ta ukun Mama ce ta roƙa a sa, don in dangin ango sun so gaida dangin uban amarya su san inda za su. Gidan Goggo ne, yayar mahaifinmu, ita kaɗai ta rage masa a duniya. Shekara tara rabon da ta taka gidanmu. Lokacin da Baba ya kwanta ciwo ba a gaya mata ba, a bakin maƙwabta ta ji, kafin ta iso ya cika. A wurin zaman makoki ta yi kuka, ta faɗa wa Mama maganganu, Mama ta rama, aka watse ba daɗi. Tun daga nan shiru. Auta kuwa da Goggo take kama, har tafiyarsu iri ɗaya, kuma ta ce ita ko mutum goma ne suka zo bikinta ba ta damu ba, in dai Goggo na cikinsu. Mama ta haɗiye girman kai ta ce katin farko Goggo za a kai wa. Duk hayaniyar bikin nan, a cikin gida abu ɗaya muke jira, Goggo za ta zo ko ba za ta zo ba.

Kawu ya ci gaba. "Lamba huɗu, ruwan toka. Launin kaya ke nan. Lamba biyar, ƙwarai kuwa, hannu bibbiyu. Wannan ta masu tambayar ko an gayyace su ce, ko su zo da matansu. Lamba shida ta masu son zuwa da yara ce." Ya share murya, don ita ya fi ƙauna. "A'a, don Allah. Zama a gida ya fi wa kowa alheri. Wancan karon kuka da rigima aka yi ta yi har aka watse."

"Wane karon?" in ji Mama.

"Kowane karon. Akwai bikin da yara ba su ɓata ba? Lamba bakwai ta masu tambayar gudummawa ce: duk abin da ke gare ku ku kawo, babba da ƙarami, akwai wurin ajiyewa. Lamba takwas ta baƙin da za su kwana: kowa ya zo da bokitinsa."

Na karɓi takardar na juya bayanta. "Kawu, amsoshi ne zalla. Ina tambayoyin?"

"Tambaya ai tana bakin mai ita. Me zai sa in ɓata tawada in buga wa mutum abin da shi ya faɗa?"

Abin da ya fi ba ni haushi har yau shi ne kwana biyar na farko tsarin ya yi aiki. Kawu ya kafa benci a ƙofar gidanmu, ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, waya na ƙara yana ɗauka. "Lamba biyu." Ƙit. "Lamba huɗu." Ƙit. Maƙwabta suka riƙa tsayawa kallo. Telan layinmu ya leƙo ya ce, "Kawu, an tashi lafiya?" ya ce masa lamba biyar. Mama ta yi barcin rana karo na farko a wata guda, abinci ya daina ƙauri, Kawu kuwa kansa ya ƙara girma har hula ta fara matse shi.

Sai aka zo da tambayar da ba ta da lamba. Wai angon me yake yi? Wannan ya tambaya, wancan ya tambaya, a wuni ɗaya mutum goma sha uku. Kawu ya tashi a fusace ya nufi shagon buga takardu. Abin da ya faru a can, daga baya mai shagon ta ba ni labari tana dariya har da hawaye.

"Ƙara mini amsa ɗaya," in ji shi. "Yana da aikinsa, kuma ba ruwanku. Ki sa ta a sama, lamba ɗaya."

"Malam, a sa ta a ƙasa mana ta zama ta tara."

"A ƙasa? Tambayar da ta fi kowace yawa? A ofis wadda aka fi yi ita ke sama. Ke kin taɓa aikin ofis?"

"Ban taɓa ba. Amma in ta hau sama sauran duk za su sauka. Waɗanda ka raba wa ta farkon fa?"

"Za a sauya musu. Ke dai buga."

Ta buga ɗaya don ya duba, kafin ta buga ta biyu aka ɗauke wuta. Ya ninke guda ɗayar ya sa a aljihu, ya ce gobe zai dawo ya karɓi sauran. Har yau tana jiransa.

Daga ranar, Kawu da sabuwar takarda yake amsawa, duniya kuwa tsohuwa take karantawa. A tasa kowace amsa ta sauka da mataki ɗaya. Don haka duk lambar da ya ba ka, in ka duba taka, amsar da ke ƙarƙashin wadda yake nufi za ka gani. Mu a gida ba wanda ya sani.

Mahaucin layinmu ne ya fara shiga uku. Ya kira ya tambaya ko ya zo da matarsa. Kawu ya duba aljihu, "hannu bibbiyu" ta koma ta shida, ya ce lamba shida, ƙit. Ba a yi awa ɗaya ba sai ga matar mahauci, mayafi a hannu, ta tsaya a kan Kawu.

"Ni ce mai kuka da rigima?"

"Wa ya ce?"

"Mijina ya karanta mini. Wai kun ce zamana a gida ya fi wa kowa alheri. A wane biki na taɓa yin rigima? Faɗa mini, a wane biki?"

Kawu ko motsi bai yi ba. Ya zaro takardarsa ya ɗora yatsa. "Kin iya karatu? Ga lamba shida. Karanta da kanki."

Ta karanta. "Ƙwarai kuwa, hannu bibbiyu." Ta sake karantawa. Sannan ta yafa mayafinta a hankali. "Au. Wato shi ne ba ya son in je."

"Wannan kuma ba ta cikin takarda," in ji Kawu.

Mahauci ya yi rantsuwa iya rantsuwa. Aka ce ya kawo tasa takardar a gani, ashe tun da hantsi ya naɗe wa wani nama da ita. Daga ranar aka daina yi masa magana a gidansa.

Sai bokitai suka fara isowa. Duk wanda ya tambayi abin da zai kawo wa amarya, Kawu ya ce masa lamba takwas, shi kuma ya karanta kowa ya zo da bokitinsa. Na farko muka yi godiya. Na biyar muka dubi juna. Cikin mako guda bokiti ashirin da uku ne a ɗakin Auta, na roba da na ƙarfe, har da wani mai famfo a gindi.

"Yarinyar nan sayar da ruwa aka ce za ta yi?" in ji Mama.

"Mutane sun san gidan aure ba ya rabo da wanki," in ji Kawu. "Kuma bokiti ba ya ruɓewa."

Wata ƙawar Mama ta kira ta tambaya ko jan leshi zai yi. Ya ce lamba biyar yana nufin ruwan toka, ta karanta ƙwarai kuwa hannu bibbiyu, ta je ta sanar da ƙawayenta su bakwai. Ni dai jikina ya ba ni akwai wani abu. Na ce Kawu ya ba ni takardarsa in gani, ya dafe aljihu ya ce wanda bai san tsari ba komai ya gani kuskure ne. Da na matsa da an huta. Amma ina gudu tsakanin tela da mai gyaran gashi, na ƙyale shi, kuma wannan laifina ne, na ɗauka.

Ana saura kwana goma sha biyu, Kawu ya shigo tsakar gida yana taku ɗai-ɗai.

"Goggonku ta aiko saƙo."

Ludayi ya suɓuce daga hannun Mama. Auta ta fito daga ɗaki da gudu, ta ture bokiti biyu.

"Me ta ce?" in ji Mama.

"Kalma biyu. 'In zo?'"

"Me ka ce mata?"

"Abin da ya dace. Duba lamba shida." Ya zaro takardarsa ya karanta da ƙarfi. "Ƙwarai kuwa, hannu bibbiyu."

Auta ta rungume ni tana kuka. Mama ta zauna a kan turmi ta rufe fuska da bakin zane, kafaɗunta na rawa. Can ta ɗago ta ce, "Bari in kira ta in ji muryarta."

"Kul, Yaya. Ƙofa ɗaya muka ce. In kika kira ta, gobe kowa ya dawo kanki, tsari ya rushe. An ba ta amsa, amsa mai kyau. Me za ki ƙara a kan hannu bibbiyu?"

Mama ta dubi wayar ta daɗe, sannan ta ajiye. Na san mahaifiyata, ba Kawu ne ya hana ta ba. Shekara tara ba ta ji muryar matar nan ba, tsoron kalmar farko take yi, sai ga ƙanenta ya ba ta wurin fakewa.

Ranar Asabar ƙarfe ɗaya muna ɗakin taro. Mu muka kama wurin, ba mu da abin tambaya. Kujera ɗari biyu an jera su reras, an sa wa Goggo ta musamman a gaba kusa da ta Mama. Kawu ya sha babbar riga ruwan toka, ya kafa tebur a bakin ƙofa, ya jingina kwali an rubuta TAMBAYA, ga lasifika ta hannu da ya aro. Ƙarfe biyu ango ya iso da abokansa biyu. Ƙarfe biyu da rabi mu goma sha ɗaya ne a ɗakin, har da mai shara. Ba mai abinci, ba mai hoto, ba iyayen ango. Auta ido a kan ƙofa, kwalliya na neman narkewa.

"Mutanenmu ba sa zuwa da wuri," in ji Kawu. Ya kunna lasifika ya ce wa kujeru, "Jama'a, a shigo a tsare, layi ɗaya."

Ƙarfe uku saura kwata wayar ango ta yi ƙara. Mahaifinsa ne, muna jin muryarsa daga inda muke.

"Kai, ina kuke ne? Mun cika layin nan tun ɗazu, rana na dukanmu, mai gidan ta hana mu shiga."

"Baba, wane layi?"

"Layin bayan makaranta mana. Gida mai koren ƙofa. Na tambayi kawun amarya wurin biki, ya ce lamba uku."

Duk muka juya muka dubi Kawu. Ya ce, "Bai karanta daidai ba. Tsufa ne."

Tun daga bakin makaranta mota ba ta iya shiga, da ƙafa muka ƙarasa, amarya riƙe da gefen rigarta. Mutane sun yi carko-carko cikin rana. Ga mai abinci ta jera tukwanenta a gefen titi tana kore ƙuda, ga mai hoto a kan katanga, ga mata takwas cikin jan leshi a tsakiyar ruwan toka. Yara kuwa sai ka ce an tashi makaranta. Duk wanda ya tambaya ko ya zo da su an ce masa lamba bakwai, ya karanta duk abin da ke gare ku ku kawo, babba da ƙarami, akwai wurin ajiyewa. Wani har da 'ya'yan maƙwabcinsa ya kwaso. Wasu tsofaffi sun kife sababbin bokitai sun zauna a kai.

A gaban koriyar ƙofar, wadda ke rufe ruf, Goggo na zaune a kan kujerar roba cikin tsohon zanen gida, farar takarda a cinyarta. Ta rame, gashinta ya yi fari fat. Da ta ga Auta idonta ya tsaya a kanta, sannan ta kau da kai.

Kawu ya ratsa mutane ya ɗaga lasifika. "Jama'a, an samu ɗan kuskure daga wajenku."

"Kai ne mai lamba?" in ji Goggo.

"Ni ne."

"Miƙo abin maganar nan."

Ya miƙa, don bai taɓa iya musu da ita ba. Ta juya lasifikar ta gano inda ake dannawa, muryarta ta cika layin.

"Ni ce yayar uban yarinyar nan. An kawo mini kati, na yi mako guda ina juya shi, sannan na tambaya, in zo? Aka ce in duba lamba shida. To ku ji lamba shida." Ta nisanta takardar da idonta. "A'a, don Allah. Zama a gida ya fi wa kowa alheri. Wancan karon kuka da rigima aka yi ta yi har aka watse."

Na ji Mama ta kama hannuna.

"Ita ce!" Mahauci ne daga cikin taro, yana ɗaga hannu. "Wallahi ita na karanta. Mako biyu ba a yi mini magana a gidana." Matarsa da ke gefensa ta daina kallonsa, ta koma kallon Kawu, irin kallon da take yi wa naman da ya kwana.

"Ba haka lamba shida take ba," in ji Kawu. Ya zaro tasa. Baban ango, dattijo mai haƙuri, ya sa tabarau ya karɓi takardun biyu ya jera su, mutane suka zagaye shi suna leƙe.

"Malam," ya ce, "taka tara ce. Tamu takwas."

"To ai an sabunta."

"Wa ka ba sabuwar?"

Kawu ya gyara tabarau. "Wuta aka ɗauke."

"Tun yaushe?" in ji mai abinci. "Ni tun sha ɗaya nake nan da shinkafar mutum ɗari biyu."

"Ni kuma na ɗinka ja," in ji ƙawar Mama.

"Ni bokiti biyu na saya," in ji wani daga baya.

Ta ko'ina aka taso masa, wannan na jan hannun riga, wancan na kaɗa masa takarda a fuska. Mutumin da ke sallamar ɗari biyar ba gumi, sai ga babbar riga ta jiƙe sharkaf. Ya ce a bi layi, a yi tambaya ɗaya-ɗaya. Ba wanda ya saurare shi.

Goggo ta ajiye lasifikar a ƙasa. Yanzu da muryarta kawai take magana, kuma Mama take kallo.

"An ce in zauna a gida, na zauna. Ban taka ƙofar kowa ba. Da hantsi sai ga tukwane, sai ga motoci. Na ce to, ba a tsaya a hana ni zuwa ba, har an aiko a yi mini dariya a ƙofar gida."

"Goggon yara, kin ji dai kuskure ne," in ji Mama.

"Na ji. Takarda ta yi kuskure. Ke fa? Wayarki lalacewa ta yi? Kwana goma sha biyu ina zaune da maganar nan. Ƙanena ya kwanta wata biyu, a bakin maƙwabta na ji. Yau 'yarsa za ta yi aure, lamba aka aiko mini."

Mama ta saki hannuna. Ta taka har gaban kujerar, ta durƙusa a ƙasa da sabon leshinta, a gaban surukai da kowa.

"Wancan karon ƙanenki ne ya ce kada a tayar miki da hankali, zai warke. Na bi maganarsa, na cuce ki, kuma da kika yi kuka maimakon in ba ki haƙuri sai na rama. Wannan karon ba wanda ya hana ni. Na ɗauki waya na ajiye, tsoronki nake ji. Ki yafe mini. Ki zo bikin 'yarki, ni ke roƙonki da bakina."

Goggo ta dubi layin daga wannan ƙarshe zuwa wancan, tukwane da yara da jan leshi.

"In zo ina?" ta ce. "Ga bikin nan a ƙofata."

Baban ango ne ya fara dariya, sai layin gaba ɗaya ya ɗauka. Goggo ta kama hannun Mama ta ɗaga ta, ta ciro makulli daga bakin zane ta buɗe ƙofar. Ta ce mai abinci ta shiga da tukwane, maza su je ɗakin taro su kwaso kujeru, wanda bai samu ba ga bokitai nan.

Kawu ya share gumi ya gyara hula. "Kun gani ko? In da an bi ta hanyar da kowa ya saba, da yanzu..."

"Kai mai lamba," in ji Goggo. "Ka rubuta akwai wurin ajiye yara. To kai ne wurin. Ga su nan, ka tsare su a ƙofar gida har a tashi."

Muka bar shi a tsakiyarsu, wani na busa lasifika, wata na tambayarsa me ya sa rigarsa ta jiƙe.

Goggo ta ja Auta zuwa ɗakinta, ni da Mama muka bi su. Ta zaunar da ita a bakin gado, ta riƙe fuskarta da hannu biyu tana kallo, ta ce goshin ubanta ne sak. Sannan ta durƙusa da ƙyar ta jawo akwati daga ƙarƙashin gado. A sama-sama akwai kaya ruwan toka, riga da zane da ɗankwali, a goge, a ninke, ko zaren tela ba a gama cirewa ba.

"Goggo," in ji Auta, "yaushe kika ɗinka?"

"Washegarin da katin ya zo na kai ɗinki." Ta warware rigar tana kakkaɓewa, ba ta kalli kowa ba. "Da aka ce in zauna, na ce in kyautar da su. Kullum sai in ce gobe."

Ta miƙa wa Mama ɗankwalin.

"Ɗaura mini. Hannuna ba ya kaiwa baya yanzu."